Yadda ake tace fim: aikin da ake yi kafin yankan farko

Duk wanda ya zo koyon tace fim a wurina, wato yanka hotunan fim da haɗa su, hannunsa ƙaiƙayi yake yi ya fara yanka. Ni kuwa sai ya yi mako yana jera fayiloli. Editoci da yawa ma a nan suka faro, a kujerar mataimaki.

Batun manhaja ba zan ja shi ba. Manyan finafinai da shirye-shiryen talabijin sun fi dogaro da Avid Media Composer. Premiere Pro haya ake biya, DaVinci Resolve kuwa akwai na kyauta, kuma ya ishe ka. Ɗauki guda ka zauna a kai.

Fara da kwafe katin kyamara ɗungurungum, da foldodinsa yadda suke, zuwa diski biyu daban-daban. Da zarar ka shigar da fayil cikin manhaja, kada ka sauya masa suna ko wuri. Adireshinsa kawai manhajar ta riƙe. Ka matsar da shi, ta neme shi ta rasa.

Sai yawan firem a daƙiƙa, wato hotuna nawa ke wucewa cikin kowace daƙiƙa. Silima 24 ne, talabijin na Turai 25, na Amurka 29.97. Tambayi furodusa inda za a nuna aikin, ka saita tun kafin ka zuba komai, domin a Resolve saitin yakan kulle bayan an shigar da hotuna.

To, ga inda na sha kashi. An kawo min wata doguwar hira, an ɗauki hoto da waya, murya kuma da rakoda daban. Na daidaita su a kan tafin da aka yi a farkon ɗauka, baki da magana suka hau cif. Kwana uku ina yanka. Ranar da darakta ya zauna kallo, can wajen ƙarshe sai ga mutum ya rufe baki, maganarsa na ci gaba. Waya ba ta tsayawa a kan firem ɗaya, takan ƙara ta rage idan haske ya sauya ko ta yi zafi, rakoda kuwa tafiyarta ɗaya. Kaɗan-kaɗan suke rabuwa, ba ka ankara sai tafiya ta yi nisa. Kuma tunda na riga na daddatsa, kowane gutsure sai da na gyara da hannu.

Don haka hoton waya, a fara juya shi zuwa tsayayyen firem. Manhajar HandBrake tana yi, ita ma kyauta ce. Sauti kuma a saita shi a 48 kHz, wato ma'aunin sau nawa ake ɗaukar sa a daƙiƙa. Bayan ka daidaita farko, tsallaka ƙarshe ka duba leɓe, musamman a kan "b" da "m" inda baki ke haɗuwa. A wurina wanda bai duba ƙarshe ba bai daidaita ba. Idan kwamfutarka tana numfashi sama-sama, yi ƙananan kwafi masu sauƙi ka yi aiki da su, ya fi maka sayen sabuwa.

Yanzu ka yanka. Kalli komai tukuna, ka jera labarin a tsaye ba ado. Yanka a tsakiyar motsi, ido ba ya kama shi. Bar muryar mai magana ta riga fuskarsa shigowa. Darakta ya amince, a kulle hoto, wato a daina yanka, sannan launi da gyaran sauti. A ma'aunin ƙarfin sauti, tashoshin Turai -23 LUFS suke nema. Ka fitar, ka kalle shi daga farko har ƙarshe a wata na'urar kafin ka miƙa.