Kurakuran da ke sa a goge gyaran sabon edita a Wikipedia, da yadda ake kashe rigimar

Wani lokaci gyara ɗaya ne ke sa sabon edita ya bar Wikipedia cikin fushi. Mutum ya ƙara abin da ya tabbata gaskiya ne, ya dawo da yamma ya tarar an share, an bar masa kalma biyu a tarihin shafin: "babu madogara". Sai zuciya ta ɗebe shi.

Tushen matsalar shi ne zaton cewa sanin gaskiya ya wadatar. Abin da Wikipedia ke tambaya shi ne: a ina aka wallafa wannan magana, ta yadda mai karatu zai je ya duba da kansa? A rayuwa gani ya kori ji, amma a nan ko a gabanka aka yi abu, muddin ba a buga shi a littafi, jarida ko mujallar ilimi ba, binciken kanka ne, kuma ba shi da gurbi. Babu wanda ya san waye ke bayan sunan da ka yi rajista da shi, don haka digirinka ba hujja ba ne. Nauyin kawo madogara kuma yana kan wanda ya ƙara magana ko ya maido da ita, ba kan wanda ya cire ba.

Sai kuma a je a kwaso kowane irin abu a liƙa. Rubutun Facebook, saƙon da ke yawo a WhatsApp, bidiyon wani da ba a sani ba a YouTube, duk ba su shiga lissafi, domin babu editan da ya tantance su kafin su fita. Ita kanta Wikipedia ba madogara ba ce, ko ta wane harshe ce. Idan kana fassara maƙala, ɗauko manazartan asali ka buɗe su ka karanta. Girman suna ma bai isa ba: a 2017 editocin sashen Turanci na Wikipedia sun yanke cewa a daina dogaro da jaridar Daily Mail ta Birtaniya saboda raunin tantance labarai. Shafin intanet na kamfani zai iya tabbatar da shekarar da aka kafa shi, amma ba zai tabbatar da cewa ya shahara har ya cancanci maƙala ba. Wannan sai wasu da ba ruwansu da shi sun yi rubutu mai tsawo a kansa.

Kuskuren da na fi ganin yana wuce mutane ya fi wannan wuyar ganewa. Madogarar tana da kyau, amma ba ta faɗi abin da jimlar ta faɗa ba. Jarida ta ce "ana zargin sa da karkatar da kuɗi", edita ya rubuta "ya sace kuɗi". Ko a haɗa rahoto ɗaya da ya ce an naɗa wani shugaba, da wani da ya ce ribar kamfanin ta faɗi, a fitar da cewa shi ya jawo asarar, alhali babu rahoton da ya ce haka. Ka tsaya inda majiyarka ta tsaya, ka sa lambar shafi idan littafi ne, ka rubuta da kalmominka, don kwafar rubutun wani kai tsaye goge shi ake yi.

A kan mutumin da ke raye ba a sassauci. A 2005 wani ya rubuta cewa an taɓa zargin ɗan jaridar Amurka John Seigenthaler da hannu a kisan shugaban Amurka John Kennedy da ƙaninsa Robert Kennedy, ƙaryar ta zauna kusan wata huɗu. Bayan wannan ne aka hana marasa rajista buɗe sabuwar maƙala a sashen Turanci, aka kuma tsaurara ƙa'ida: maganar da za ta iya ɓata sunan mai rai, in babu madogara mai ƙarfi, cire ta ake yi nan take.

To, an goge gyaranka. Kada ka maido. Sashen Turanci yana da dokar da ta hana maido da gyara fiye da sau uku a shafi ɗaya cikin awa 24, wanda ya karya kuma a kan toshe shi, wato a hana shi yin gyara, galibi na kwana ɗaya a karon farko. Sauran harsuna suna da nasu tsarin, amma babu inda ake son ja-in-ja. Sau ukun ma ba rabonka ba ne, ana iya toshe mutum kafin ya kai nan. Je ka shafin tattaunawa na maƙalar, ka rubuta wani abu kamar haka: "An cire jimlar da na ƙara a sashen tarihi. Ga littafin, shafi na 45. Mene ne matsalarsa?" Ka sa alamar ~ guda huɗu a ƙarshe don sunanka da lokaci su fito. Ka yi magana a kan jimlar, ka bar mutumin. Kalmar "maɓarnaci" ta wanda ya lalata shafi da gangan ce, kada ka jefi wanda kuka saɓa da ita.

In ku biyu ne kuka kasa daidaitawa, nemi ra'ayin edita na uku. In abin ya faskara, a buɗe neman ra'ayin jama'a, wanda a sashen Turanci kan kai kwana 30. Ba ƙuri'a ake kaɗawa ba, ƙarfin hujja ake dubawa, shi ya sa gayyato abokai ko buɗe asusu na biyu ba ya haifar da komai sai toshewa. Kwamitin sasanci da ke can sama halayyar editoci yake hukuntawa, ba ya zaɓar wace jimla ce daidai. Idan kuma mai gudanarwa, wato editan da aka ba ikon kulle shafi da toshe mutum, ya kulle shafin ana tsakiyar rigima, a yadda ya same shi yake kullewa. Ko sigar abokin jayayyarka ce ta tsaya, ba hukunci aka yanke ba, shafin tattaunawa yana nan a buɗe har a cire makullin.