Yadda Ake Tattara Tarihin Sarautar Gari a Ƙasar Bauchi da Gombe

Duk wanda ya ɗaura niyyar rubuta tarihin sarautar garinsu, ko ta sarki mai sanda ce, ko ta hakimi, ko ta dagaci, abin da zai fara shiga hannunsa shi ne jerin sunayen waɗanda suka hau karaga. Wannan jeri shi ne ƙashin bayan aikin, kuma shi ne abin da ya fi buƙatar a bi shi da idon basira, domin sau da yawa akan tsallake sunan wanda aka tuɓe, ko wanda bai daɗe ba, ko wanda zuriyarsa ba ta da bakin magana a fada yanzu. Saboda haka mai bincike ya karɓi jerin da aka ba shi da hannu biyu, amma ya ɗauke shi a matsayin mafarin tambaya.

Aikin yana farawa da neman izini. Ba a faɗa wa sarki kai tsaye, sai an bi ta hannun Sarkin Fada ko sakataren masarauta, a gaya masa manufar zuwan da abin da za a yi da labarin idan an samu. Ranar da aka ba ka, ka sa babbar riga da hula, ka tuɓe takalmi tun kafin dogari ya tuna maka, ka faɗi ka yi gaisuwa, ka ce "Allah ya ja zamanin sarki", sannan ka bar wanda ya shigar da kai ya gabatar da buƙatarka. Kada ka fito da waya don ɗaukar murya ko hoto sai an ce maka bismilla. Da zarar an ji a gari cewa fada ta san da zamanka, ƙofofin da da ba za su buɗe ba sai su buɗe.

Sai dai izinin fada ba ya nufin a tsaya ga bakin fada kaɗai. Gidan da ke riƙe da sarauta yana da nasa labarin, gidan da sarauta ta bari ma yana da nasa, kuma dole a ji duka biyun. Bayan su akwai masu zaɓen sarki, waɗanda suka san dalilin da ya sa aka ɗauki wane aka bar wane, da gidan liman, inda aka fi samun rubutu, da tsofaffin matan cikin gida da jakadu, waɗanda suka fi kowa sanin wace ce ta haifi wa. Wannan sani na ɓangaren uwa shi ne maza suka fi mantawa da shi, alhali a kansa rigingimun gado da dama suka tsaya. Idan mai binciken namiji ne, ya nemi yayarsa ko gwaggonsa ta shiga masa.

A zauna da kowane dattijo shi kaɗai. Idan aka tara su a zaure guda, babba ne zai yi magana, sauran su riƙa cewa "haka ne, ranka ya daɗe", ko da kuwa abin da suka ji daga iyayensu dabam ne. Wanda ya yi shiru a taro shi ne wanda za ka tarar bayan la'asar a kan buzunsa, yana ƙirga sarakuna da 'ya'yan carbi, ya kai na shida ya tsaya, ya koma baya ya ce akwai wani a tsakani wanda ba a cika faɗin sunansa ba. Kada ka katse shi, kada kuma ka ce masa wane ya faɗa maka saɓanin haka. Ka tambaye shi wurin wa ya ji, domin labarin da aka ce daga kaka ya fito, wanda ya ga abin da idonsa, ya fi wanda aka tsinta a rediyo nauyi. Ka tafi da goro da ɗan abin hasafi, amma kada ya zama ciniki, don wanda aka biya yakan faɗi abin da ya ga ana so.

Makaɗan fada da maroƙa da sankira sun cancanci zama na musamman. Kirari da take ba su saurin canzawa kamar zance, saboda kiɗa ya ɗaure kalmomin, shi ya sa sunan da aka goge daga jeri yakan maƙale a cikin kirarin jikansa. A ɗauki kirarin yadda ake yin sa da tambari ko kakaki ko algaita, sannan a dawo daga baya a nemi fassarar kowane layi, musamman da yake a wannan yanki ana samun Fulatanci da Bolanci da Geranci a cakuɗe da Hausa.

Wurin da aka fi yin tuntuɓe shi ne shekaru. Dattijo zai ce wane ya yi shekara arba'in, wane ya yi bakwai, kuma sau da yawa arba'in ɗin nan tana nufin ya daɗe ne kawai. Hanyar da ta fi ita ce a ɗaure kowane sarki da wani abin da aka tabbatar da shekararsa. Malam Yakubu, sarkin Bauchi na farko, ya kafa birnin Bauchi a 1809, ya rasu a 1845. Buba Yero, sarkin Gombe na farko, ya rasu a 1841. Turawa sun ci Bauchi a 1902 suka tuɓe Sarki Umaru, a 1903 kuma aka yi yaƙin Bormi, inda Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya ya rasu. An yi annobar mura a 1918, an sami 'yancin kai a 1960, an ƙirƙiro jihar Bauchi a 1976, an cire Gombe daga cikinta a 1996. Tambayar "wa ke sarauta lokacin da aka yi Bormi?" ta fi "a wace shekara ya hau?" amfani nesa ba kusa ba. Idan kuma shekarun daga takardar malamai suka fito, a tuna cewa lissafin Hijira ne, wanda shekararsa ta gaza ta miladiyya da kwana goma sha ɗaya ko kusa da haka, har shekaru 100 na Hijira sukan zama kimanin 97 na miladiyya.

Sarauta tana ƙaura, don haka tarihinta ba lallai ya kasance a inda fada take yau ba. Yakubu ya zauna a Inkil kafin ya gina Bauchi, daga baya kuma fadar Bauchi ta koma Rauta na wani lokaci. Fadar Gombe ta tashi daga Gombe Abba zuwa Nafada a 1913, sannan zuwa Doma a 1919, wato Gombe ta yanzu. Ta Katagum ta koma Azare a 1916. A je kufai, a ƙirga kushewun sarakuna a gwada da jerin da ke hannu, a bi sawun ganuwa da sunayen ƙofofi da na unguwanni. Gidan Madaki da shahararren magini Babban Gwani ya gina a Kafin Madaki shaida ne a tsaye kan irin ƙarfin da mai sarauta guda yake da shi a wancan zamani.

Za a ji labaran da hankali zai yi jinkirin karɓa, kamar maharbin da ya nuna wurin kafa gari, irin Baushe da ake danganta sunan Bauchi da shi, ko kakan da ya taso daga Gabas, ko sarkin da kibiya ba ta huda shi. A ganina kuskure ne a zubar da su, kuskure ne kuma a rubuta su kamar an gani da ido. A rubuta su da "an ce", a lura da aikin da suke yi, domin labarin maharbi yakan nuna waɗanda aka tarar a ƙasar kafin masu sarauta su zo. Haka nan yaƙi guda yana da baki biyu: abin da ake kira tawaye a Bauchi, a Ningi kare kai ake ce masa, kuma mai rubutu ya kamata ya taka zuwa can ya ji.

Sai bayan an gama da baka za a nufi takardu. Gidan adana takardun tarihi na ƙasa da ke Kaduna da cibiyar binciken tarihi ta Arewa House suna riƙe da rahotannin jami'an mulkin mallaka a kan gundumomi, waɗanda ke da amfani wajen shekaru, amma ta bakin tafinta aka same su, kuma daga wanda ke kan karaga a ranar. Idan wani gida ya fito maka da wasiƙar ajami daga cikin gafaka, ka ɗauki hotonta a nan gaban mai ita, gaba da baya har da hatimi, kada ka nemi aro.

Wajen rubutawa, inda ruwayoyi suka saɓa a kawo su duka, a faɗi gidan da kowace ta fito, a bayyana wadda aka fi karkata gare ta da dalili. Idan akwai shari'ar sarauta da ke gaban kotu, a dakata da buga wannan babin. Kafin a kai wa maɗaba'a ko a sa a intanet, a koma a karanta wa dattawan da suka ba da labarin abin da aka rubuta da sunansu, a gyara inda suka ce ba haka suka faɗa ba, sannan a ajiye kwafin muryoyin a wuri fiye da ɗaya, guda a fada, guda a hannun wani wanda ba ɗan gidan sarauta ba.