Yadda za ka ƙera injin da ke farke labari ya sake ɗinka duniya (a cikin ƙagaggen labarinka)

Shekaranjiya a fada, wato majalisarmu ta hira, muna jiran shayi na biyu wani ƙanena ya miƙo min kayensa, littafin da yake rubutu ciki, wai yaya duba min, na rubuta labarin injin da ke canza duniya. Shafi uku na karanta na mayar masa. Injin nasa wani jan maɓalli ne, ka danna talaka ya zama Alhaji, ka sake dannawa yarinyar da ta ƙi ka ta dawo tana kuka. Na ce masa ƙanena wannan ai mafarkin mai jin yunwa ne ka rubuta. Ya ji haushi kaɗan, amma ni ma na taɓa kwaɓa irin wannan kafin in gane kan abin, shi ya sa na ce bari in rubuta yadda nake yi ko wani zai amfana.

Ka fara sanin me injin yake taɓawa. Labarin da ke ƙarƙashin abu, shi kaɗai. Gidan da kuke ciki a unguwar Birni nan Damagaram naku ne don unguwa duka ta san kakanka ya gina shi, takardar jika tana sayen shinkafa don kowa ya yarda kuɗi ce, maroƙi in ya jero sunayen iyaye da kakanni sai ka ga mutum ya ƙara tsawo a zaune. To injinka wannan zancen yake kamawa ya juya, gida da kuɗi da girma sai su biyo baya da kansu kamar tumaki bayan mai dusa.

Sai siffa. Don Allah kar ka kawo mana kwamfuta mai fitilu masu ƙyalli, a garin nan da an ɗauke kuran, wato wutar lantarki, ta mutu, mai karatu ma dariya zai yi. Nawa keken ɗinki ne na ƙafa, baƙi, tsoho, a wata rumfa can cikin Kasuwar Dole, hannun wani tsohon tela da ba ya son surutu. Mutum zai zauna a benci ya ba da labarinsa, tela na taka keke, kwarkwaro na naɗe maganar tana zama zare. In an gama sai ya shimfiɗa ƙyallen, ya sa reza ya farke layi ɗaya, ya sake ɗinke shi yadda aka roƙa. Keken ba ya tashi sai an ce ga ta nan ga ta nanku tela ya amsa ta zo mu ji ta, ba ya tsayawa sai an ce ƙurunƙus, kuma da rana ko ka taka har ƙafarka ta kumbura ba zai motsa ba, tunda dama tun muna yara ana hana mu tatsuniya da rana. Ka ga ban ƙirƙiro doka ko ɗaya ba, wadda kaka ta sa mana na ɗauko.

Yanzu inda aikin yake, zaɓen zaren da za a farke da kuma bin sa har inda ya ƙare. Ka gwada hannu da labarin da kowa ya sani. Rijiyar Kusugu a Daura, maciji ya hana ɗiban ruwa sai ranar Juma'a, Bayajidda ya zo ya kashe shi ya auri Daurama, daga nan zancen Hausa bakwai ya taso. Farke layi ɗaya, ka ce macijin ya bar shi ya sha ya wuce. Babu kisa babu aure, to su wa suka kafa garuruwan, wane kirari ake yi musu? Ka zauna ka cika shafi biyu da irin wannan tambayar kafin ka taɓa labarinka na gaske.

Ni da na zo nawa, zaren gida na ja. Damagaram ce babban birnin Nijar a zamanin Faransawa har 1926 da aka mayar da shi Yamai, kuma cikin dalilan da ake ba da wa har da ƙarancin ruwa, garin da ke zaune kan dutse. Yaron da ke cikin labarina ya gaji da jin wannan, ya gaji da tashin asuba bin layin famfo, sai ya je wurin tela ya ce baba a gyara min, a ce tun fil azal ruwa ne ke ɓuɓɓuga tsakanin duwatsun nan. Tela ya farke ya ɗinke. A rubutuna na farko nan na yi shirme, na cika gari da benaye da ministoci da jiragen sama, na ji daɗi ni kaɗai. Da na karanta a fada ba wanda ya ɗago kai daga wayarsa.

Sai na sake. Yaro ya farka, famfon tsakar gida na zuba har ya yi gansakuka, jarkokin nan rawaya da ke jere bayan ƙofa babu ko ɗaya. Ya leƙa waje bai ji ƙarar kurar mai ga-ruwa ba. Can ya tuna babansa ga-ruwa ne, kawo ruwa gidan su innarsa ne ya haɗa su tun tana budurwa. Ya shiga ɗaki da gudu, innar na tankaɗe, ta ɗago ta dube shi sama da ƙasa ta ce yaro ɗan gidan wa kake nema? Wallahi a nan mai haɗa shayi ya bar buta ta tafasa ta zube kan gawayi.

Kenan kar ka tsaya kan babban canjin, ka sauko da shi har tsakar gida ɗaya, mutum ɗaya. Kuma injin dole ya ci wani abu. Tela ba ya sayen sabon zare, duk layin da zai ɗinka daga wani gefe na ƙyallen mai roƙon yake zaro shi, kuma ba ya gaya maka daga ina. Ka kuma yanke shawara tun wuri wa ke tuna tsohuwar duniyar. In ba wanda ya tuna, ba ka da labari. In kowa ya tuna, rigima ce kawai. Ni mutum biyu na bar wa, tela da wanda ya zauna a benci. Sannan ka bar tabon ɗinki a wani wuri, wata tsohuwa da ke rera waƙar daka mai ambaton ƙishirwa a garin da bai taɓa sanin ƙishi ba, ita kanta ba ta san inda ta koyo ta ba.

Akwai ƙyallen da bai kamata ka ɗora a keken ba. Abin da ya shafi addini da ƙaddara ka bar shi, injinka zancen bakin mutane yake juyawa, ka sa tela ya faɗi haka da bakinsa tun shafin farko, ka huta da masu cewa ka yi saɓo. Tarihin fadar sarki ma ka taka a hankali. Kana iya tambaya da Kyaftin Cazemajou, hafsan sojan Faransa, bai mutu a nan a 1898 ba zamanin Sarki Amadu Kuran Daga, da Faransawa sun shigo a 1899 yadda suka shigo? Kana iya wasa da ganuwar Sarki Tanimun da igwoyinsa. Amma jikokin mutanen nan suna nan da ransu, wani ma shi zai ɗauko ka a kabu-kabu gobe, kar ka ɗora wa gidan kowa abin kunyar da ka ƙaga.

In ka gama ka karanta da ƙarfi gaban mutum uku ko huɗu, ka lura da inda suka ajiye waya. Ƙanen nawa ya tafi da kayensa, ɗazu ya aiko min saƙo wai ya jefar da maɓallin ya koma injin niƙa, ana zuba labari yana fitowa gari, amma ya rasa me zai yi da dusar. Na ce ya kawo gobe bayan isha'i mu duba, ya taho da sukari don namu ya ƙare.