Yadda za ka yi wa karen gida wanka ba tare da ka ɓata masa fata ba

Jama'a masu karen gadi ko na farauta, a rage yawan wankan nan. Fatar kare tana da wani maiƙo nata da ke kare ta, in kullum sai an cuɗa da sabulu maiƙon ya tafi, fata ta bushe, sai ka ga yana ta susa a jikin katanga gashi na zuba. Sau ɗaya a wata ya isa, sai in ya yi birgima a kwata.

Da farko ka jira hantsi ya dubi ludayi, balle da hunturu, kar a yi da sassafe.

Sai ka taje shi ka cire kaska, duba cikin kunne da tsakanin yatsu, nan suke maƙalewa.

Ka sirka ruwa ya yi ɗumi kawai. Omo da sabulun wanki ba nasu ba ne wallahi, ka nemi na dabbobi a shagon maganin dabbobi ranar kasuwa, kuma don Allah masu shafa kalanzir ko baƙin mai wai maganin ƙuma su daina, ƙona fata yake.

Ka wanke daga wuya zuwa wutsiya, ruwa kar ya shiga kunne. Ɗauraya sosai, ragowar kumfa ita ke kawo ƙaiƙayi.

Goge shi da tsumma ka ɗaure a rana kaɗan, in ba haka ba turɓaya zai koma.

Mage kuwa ku ƙyale ta, da harshenta take wanka. In susa ta ƙi tsayawa ko ƙuraje sun fito, sai wajen likitan dabbobi.