Tarin dare a yara ƙanana: kurakuran da na gaji da gani

Duk shekara da hunturu ya kankama, hazo ya rufe gari, sai ƙannena da matan ƙannen maigida su fara sallama da sassafe: "Yaya, jiya ba mu runtsa ba, yaron nan kwana ya yi yana tari." In na tambayi me aka yi masa, amsar ba ta canzawa: an aika kemis an sayo na ruwa, an rufe ɗaki ruf, an sa kasko. Na gaji da maimaita magana ɗaya, shi ya sa na ce bari in rubuta.

Maganin tari na kwalba shi ne ya kusa raba ni da ɗana na biyu. Yana da shekara biyu da 'yan watanni, tari ya hana shi barci dare biyu. Aka sayo mana wani ja mai zaƙi, na ba shi cokali guda, ya yi luf. Na ce Alhamdu lillahi, magani ya karɓe shi. Ashe barci kawai maganin ke sa shi, ciwon yana nan yana cin huhunsa. Dare uku ina ɗura masa ina murna. Rana ta huɗu ya ƙi ko kunu, leɓensa ya dushe. A asibiti wata nas ta ɗaga rigarsa, ta zuba wa agogonta ido minti ɗaya cur, sannan ta dube ni ta ce, "Maman yaro, tun yaushe yake numfashi haka?" Ban iya ba ta amsa ba, don ban taɓa kallon numfashinsa ba, kunnena kawai na kan tarin. Nimoniya ce. Kwana shida muka yi da robar iska a hancinsa.

Tun ranar nake ƙirgawa. Ki bari yaro ya natsu ko ya yi barci, ki ɗaga riga, ki ƙirga ɗagawar ƙirjinsa na minti ɗaya. Ɗan shekara 1 zuwa 5, in ya kai 40, numfashin ya yi sauri. Ɗan wata 2 zuwa 11, in ya kai 50. In kuma ƙasan haƙarƙarinsa na lotsawa ciki duk jan numfashi, ko ya kasa shan nono, ko ya yi laushi ya ƙi farkawa sosai, kada ki jira gari ya waye, ki tashi maigida a nemi abin hawa.

Kuma wannan kwalbar da kuke rububi, a Ingila tun 2009 hukuma ta ce kada a ba yaro ƙasa da shekara 6 irin waɗannan magungunan tari da mura. A Gambiya, a 2022, yara kusan 70 suka rasu bayan ƙodarsu ta lalace saboda gurɓataccen maganin tari. Mai kodin a ciki kuwa Nijeriya ta haramta shi tun 2018, amma har yanzu akwai mai ɓoyonsa a ƙasan kanta.

Ni abin da nake yi ba shi da yawa. Galibin tarin dare majina ce ke gangarowa maƙogwaro in yaro ya kwanta. Sai in ɗiga masa ruwan gishirin hanci da ake sayarwa, ɗigo biyu kowane ɓangare, in share, in ba shi rabin cokalin shayi na zuma a ruwan ɗumi kafin barci. Zuma sai wanda ya cika shekara. Jariri ba a ba shi ko lasa, tana iya ɗauke da ƙwayar da ke shanye masa jiki. Shi nono ya ishe shi.

Yanzu na zo kan hayaƙi, kuma a nan ba zan sassauta ba. Haba jama'a! Yaro na fama da ƙirji, kin toshe taga da tsumma, kin kawo garwashi a kasko, kin zuba turaren wuta don kada ɗaki ya yi ƙauri, ga igiyar sauro tana ci a ƙarƙashin gado, sannan kina mamakin tarin ya ƙi tafiya. Na taɓa shiga ɗakin wata ƙanwata da asuba, ni babba sai da idona ya yi ruwa, ita kuma tana ce mini sanyi ne ya kama shi. Garwashi a rufaffen ɗaki ma kisa yake yi, ba wari ba ƙara. Ki sa masa rigar sanyi da safa, ki ɗaura gidan sauro, ki yi turarenki da rana a bar ƙofa a buɗe. Kai kuma maigida mai sigari, waje, kuma ka canza riga kafin ka ɗauke shi.

Man zafi ba a cusa shi cikin hanci, kafur kuma a nisanta shi da yaro. Ragowar antibayotik na yayansa ba ya maganin mura. Ba a sa wa jariri matashin kai. Wanzami kuma ya bar masa belinsa. Ba shi ke kawo tari ba, cirewar ce ke jawo zubar jini da ciwo.

Tarin da ya taso farat ɗaya ba mura ba zazzaɓi, ki tuna ko ya ci gyaɗa ko yana wasa da ƙaramin abu a baki, don yana iya faɗawa hanyar iska. Wanda ke dawowa kowane dare da ƙara kamar usur a ƙirji, a duba asma. Wanda ya wuce mako biyu yaro na ramewa, musamman in akwai babba mai tari a gidan, a je a yi gwajin tarin fuka, maganinsa kyauta ne a asibitin gwamnati.