Yadda nake koyar da jadawali da sunayen jariran Amurka

Ina koyar da lissafi a wata sakandare a Mabera, nan Sakkwato, kuma darasin da ya fi sa ɗalibai hamma shi ne zana jadawali, domin alƙaluman littafi ba su shafi kowa ba. Sunayen mutane kuwa kowa yana da ta cewa. Shi ya sa nake aiki da jerin sunayen jarirai na Amurka, kuma ina so 'yan uwana malamai su gwada.

Hukumar Social Security, wadda ke ba 'yan ƙasar lambar fansho, ita ke fitar da jerin duk watan Mayu, kuma bayanan sun koma har 1880. Ka rubuta ssa.gov da kalmomin baby names a waya, shafin zai fito, kyauta ne. Akwai gurbin da za ka sa shekara ka zaɓi sunaye 20 na sama ko har 1000, da wani gurbin da za ka sa suna ɗaya ka bi hawansa da saukarsa. Ka kwafe abin da kake buƙata a takarda tun a gida, kada ka dogara da sabis a cikin aji.

Fara da sunan da ya zo na ɗaya, a raba allo gida biyu. A mata, Mary ce ta riƙe kambu daga 1880 har 1946, Linda ta karɓe daga 1947 zuwa 1952, Mary ta dawo har 1961. Sai Lisa, sai Jennifer daga 1970 zuwa 1984, Emily daga 1996 zuwa 2007, Olivia kuma ta hau a 2019. A maza John ne har 1923, sannan Robert da James. Michael ya zauna daga 1954 har 1998, shekara ɗaya kawai, 1960, David ya tsallake shi. Jacob ya biyo, sai Noah, sai Liam daga 2017. Kada ka faɗa musu komai, ka bari su ƙirga daga cikakken jerin, shekara-shekara. Da kansu za su gano cewa sunayen mata sun fi saurin canzawa.

Nan ne asalin darasin. Idan ka sa shekara, ka danna zaɓin da ke nuna kaso cikin ɗari, kada ka tsaya a matsayi kawai. A 1880 kusan kashi 8 na yaran maza da ke jerin John ne, Mary kuma ta haura kashi 7 na mata. Liam da yake na ɗaya a shekarun nan kashi 1 ne da ɗan ɗoriya. Dukansu na ɗaya ne, amma ba nauyinsu ɗaya ba, domin iyaye sun warwatsu kan dubban sunaye. Yaron da ya fahimci wannan ya fahimci bambancin matsayi da kaso, kuma a ganina wannan ya fi haddace ƙa'ida goma amfani.

Sai ka ba kowane rukuni suna ɗaya su bi, su nemo dalili. Katrina ta yi ƙasa bayan guguwar 2005 mai wannan suna. Alexa ta faɗi bayan kamfanin Amazon ya sa wa na'urarsa mai magana sunan.

Akwai tarko guda uku. Hukumar tana ƙirga kowace irin rubutawa daban, saboda haka Muhammad, Mohammed, Mohammad da Mohamed layi huɗu ne. Sai an haɗa adadinsu kafin a ce ga yawan masu sunan Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi. Ɗalibaina sun fi son wannan aikin, har su ƙara da Aisha, Fatima da Layla. Na biyu, da yawa daga waɗanda aka haifa kafin 1937 ba su taɓa neman lambar ba, don haka tsofaffin shekarun ba cikakku ba ne. Na uku, sunan da bai kai jarirai biyar a shekara ba ba a saka shi, don a rufa wa masu shi asiri. Akwai kuma jerin jiha-jiha, inda za a ga Jose ya yi shekaru yana na ɗaya a Teksas saboda yawan masu jin Sifaniyanci.

A mako na biyu ka dawo da aikin gida. Kowane ɗalibi ya kawo sunan yanka na kakanninsa, na iyayensa, da na ƙannensa, ba tare da sunan mahaifi ba. Ka jaddada sunan da liman ya raɗa ranar suna, domin Ummi, Abba da Walida galibi alkunya ce, a ƙarƙashinsu akwai Hauwa'u ko Abubakar. A haɗa Usman da Usmanu, a haɗa Asma'u da Asma, a fitar da kaso na kowane zamani, a zana a kan takardar jadawali. Sannan su kwatanta: Bello da Nana Asma'u sun riƙe kasonsu daga kakanni zuwa jikoki, ko Hanan, Afnan da Aiman sun fara ci musu?