Yadda ake gina ilimin sarrafa mafarki da sauti a cikin labari

Marubuta masu son labarin almara, in zaku kirkiri wani makadi da ke shiga mafarkin mutane da sauti, dan Allah ku gina masa ka'ida irin ta sana'ar gaske, kar ya zama daga ya taba tsirkiya komai ya faru.

Da farko ka bashi lokacin aiki. Barci zagaye yake yi, kusan duk minti 90, kuma mafarki mai karfi yafi zuwa a matakin da idon mutum ke rawa alhali yana rufe, wanda Aserinsky da Kleitman suka gano a jami'ar Chicago a 1953, matakin nan kuwa yafi tsawo gab da asuba. Kaga makadinka ba dan farkon dare bane, zama zaiyi gefen tabarma da 'yar fitila yana kallon fatar idon mai barci har ta fara motsi sannan ya dauki gurminsa.

Na biyu, kuma nan ne nafi so ku tsaya sosai: mafarki baya karbar sauti yadda yake, sai ya sake masa kama. Alfred Maury, wani masani dan Faransa, an taba goga almakashi a jikin karfe kusa dashi yana barci, sai yayi mafarkin ana ta kada kararrawa ya koma kwanakin tarzomar 1848. To haka zakayi, kalangu ya zama muryar kakar mai barcin tana kwala kira daga madafi, sarewa ta zama kukan jariri a bayan katanga, goge ya zama kofar langa-langa da iska ke bugawa. Gwanin shine wanda ya san mutumin ciki da waje har yake iya cinkar abin da sautin zai koma, almajirinsa kuma da bai bincika ba sai ya busa sarewa ga matar da ta rasa goyonta, ka samu rikicin babi guda cur.

Na uku kar ya dinga cin nasara kullum. A gwajin da masana Dement da Wolpert suka yi wa masu barci a 1958 yayyafa ruwa yafi sauti shiga mafarki nesa ba kusa ba, sautin kusan sau 1 cikin 10 ya shiga. In makadin ya daga kida kadan kuma mutum ya farka, aikin dare ya tashi a banza.

Na hudu, sai an kulla sautin da wani abu tun ido biyu. A jami'ar Northwestern ta Amurka a 2009 an koyawa mutane wuraren hotuna 50 kowanne da sautinsa, hoton mage da kukan mage, aka kunna musu 25 daga cikin sautukan a hankali suna barci, da suka tashi wuraren hotunan wadannan sautukan suka fi rikewa. Dan haka wanda ke son makadin ya masa aiki ya zo da rana, ya rike zoben mahaifinsa ana kada masa wani take, da dare a maimaita.

Sai bincike a cikin mafarkin kansa, wato mai barci ya bada amsa. Wannan ma anyi, a 2021 masana daga Amurka, Faransa, Jamus da Holan suka gwada mutum 36, aka tambayi wani da ya san mafarki yake, 8 a cire 6, ya juya ido hagu da dama sau biyu. Ka hada musu yarensu, ido sau daya eh, sau biyu a'a, sau uku a tashe ni.

In mai barci ya farka kar kowa ya masa magana ko ya kunna fitila mai haske, almajiri ya zauna da takarda ya rubuta duk abin da ya fito daga bakinsa kafin ya juya kwanciya, dan mintuna kadan suka isa yawancin mafarkin ya bace.